Baturiya da Jirgin Feshi

Sabon Gari, Zariya
Yuli, 1958

Zuwa ga yayana Cornelius Shekari, a Takoradi,

Gaisuwa mai yawa cikin sunan Ubangijinmu. Ina fata kana lafiya, kuma ƙafar nan taka ta daina damunka da yawan tsayuwa a shagon gyaran jirgin ƙasa. Mu nan lafiya lau. 'Yata Cindo ta yi tari kwanakin baya har na hana ta makaranta, amma ta warke, tana cin tuwo kamar ba ita ba. Ruwa ya sauka sosai bana. Kwatar layinmu ta cika har ta shiga kantin Nwankwo, mai gidan da muke haya. Ya ce in gaishe ka.

Maganar 'yarka ce ta zaunar da ni rubutu. Tun da uwarta ta rasu ka bar mini ita ban taɓa ɓoye maka komai nata ba, ba kuwa yau zan fara ba.

Ka san Baturiya tana buga tafireta a ofishin gonar gwaji ta Samaru. To, a watan jiya wani kamfani ya kawo ƙaramin jirgin sama ya ajiye a filin jirgin nan na kan hanyar Samaru, wai za a gwada fesa wa auduga maganin tsutsa daga sama. Abin da ya tayar da gari shi ne mai tuƙa shi mace ce. Sunanta Madam Irena. Na gan ta da idona a kasuwa tana sayen lemo: gajeruwa, busasshiya, sanye da wando, kanta ya fara furfura, da tabon ƙuna daga wuya har bayan kunne. Mutane na cewa ita ma ta yi yaƙin da kuka yi, amma ita a sama ta yi nata.

Madam ba ta jin Hausa, sai ofis suka ba ta 'yarka ta zama tafinta, ta riƙa gaya wa manoma su kau da awaki da yara ranar feshi. Da farko na yi murna, na ce za ta huta da zama wuri ɗaya. Yanzu ban san abin da zan ce ba. Tana fita tun da safe a kan kekenta, ta dawo tufafinta na wani irin wari, kamar tafarnuwa da kananzir. Ina yi mata magana, in jirgin ya bi ta kan gida sai ta bar ni a tsaye ta fita tsakar gida, kai a sama. Shekaranjiya na same ta zaune a kan kujerar keken ɗinkina, ta riƙe muciya tsakanin gwiwoyinta tana karkata ta hagu da dama. Na ce, “Ke, lafiya?” Ta ce, “Goggo, haka ake juya shi.”

Kowa a layin nan yana taya ni murna, suna cewa Liya ta sami babbar hanya. Nan da sunan coci suke kiranta, ni da kai kaɗai muka rage masu kiranta Baturiya, yadda kakarta ta sa mata saboda hasken fatarta. Ina amsa murnarsu da baki, amma gabana faɗuwa yake.

Ka faɗa mini abin da kake so in yi.

Ni ce ƙanwarka,
Martina


Takoradi
Agusta, 1958

Zuwa ga ƙanwata Martina,

Na sami wasiƙarki, na gode. Ina lafiya. Ƙafa da sauƙi, sai in hadari ya haɗo. Na ji daɗi da Cindo ta warke. Ki gaishe da Nwankwo da iyalinsa, da dukan mutanen coci.

Martina, ki raba yarinyar nan da jirgin nan. Kada ki jira wata wasiƙa, kada ki jira ta gama wani aiki. Ki je ofishinsu da kanki ki ce ubanta bai yarda ba, a mayar da ita kan tafireta.

Ba na yawan ba ku labarin yaƙin da muka yi a ƙasar Bama, amma ga ɗaya. An ajiye mu a wani fili cikin daji muna loda wa jirage shinkafa da harsashi. Na saba da matuƙan, samari ne masu wasa da dariya, suna ba mu taba. Wata safiya ɗaya daga cikin jiragen ya dawo. Ba wanda ya harbe shi, sararin sama kuma garau. Muna kallo ya taɓa ƙasa, ya yi tsalle, ya kifa, ya kama da wuta. Bayan wutar ta mutu aka ce mu je mu kwaso su. Mutum huɗu ne a ciki. Abin da muka kwaso bai cika bargo ɗaya ba. Waɗannan kuwa mutane ne da suka san aikinsu.

Kin ce matar tana da tabon ƙuna. To ta san abin da nake faɗa, ta fi ni sani. In tana da tsoron Allah ba za ta ja 'yar mutane kusa da abin nan ba. Wanda yaƙi ya tauna ya furzar, na ga irinsu da yawa, ba ya ƙara ɗaukar mutuwa a bakin komai, tasa ko ta wani.

Warin da kika ce ma bai kwanta mini ba. Abin da ke kashe tsutsa daga sama ba abin da mutum zai kwaso a riga ba ne. Ki ware tufafinta, kada a wanke su tare da na Cindo.

Ki karanta wa Baturiya wannan wasiƙa da bakinki. Ki ce mata ni na ce, ita kaɗai uwarta ta bar mini. In Samaru ta gagare ta zama lafiya, ki sako ta a jirgin ƙasa zuwa Ikko, ni zan shirya yadda za ta ƙaraso nan.

Yayanki,
Cornelius


Samaru
Satumba, 1958

Zuwa ga Babana,

Ina gaishe ka da ladabi, ina roƙon Ubangiji ya ƙara maka lafiya. Ni lafiyata ƙalau. A ofis nake rubuta wannan lokacin hutun rana, don Goggo ba ta san zan rubuto ba.

Baba, Goggo ta karanta mini wasiƙarka, na kuma karɓa na karanta da kaina. Ba zan yi maka ƙarya ba. Kafin wasiƙar ta iso na riga na hau jirgin.

Madam ba ta san gonakin nan ba, daga sama kuma duk kamarsu ɗaya, shi ya sa ta nemi in riƙa zama kusa da ita ina nuna mata, in ja mariƙin da ke buɗe magani in mun zo kan auduga. Ranar farko na rufe ido. Da na buɗe sai ga dutsen Kufena a ƙarƙashina kamar tukunyar da aka kife, ga ganuwar birni, ga layin dogo kamar zaren Goggo. Na nemi gidanmu cikin rufin kwanon Sabon Gari na same shi. Ban ji tsoro ba, Baba. Na jira tsoron ya zo, bai zo ba.

Kujeru biyu ne a jere, kowace da sandar tuƙi a gabanta. Wata rana muna dawowa ta ɗauke hannunta ta ce, “Naki ne.” Na riƙe. Jirgin ya ji hannuna. Tun daga ranar kullum tana koya mini, yanzu har saukowa muna yi tare, hannunta a kan tata sandar, nawa a kan tawa.

Ka ce ba ta ɗaukar mutuwa a bakin komai. Ba haka take ba. Ta ba ni labarinta muna zaune ƙarƙashin fukafuki muna jiran iska ta kwanta. Tana da shekaruna ta koyi tuƙi a ƙasarsu. Yaƙi ya cinye ƙasar, ya cinye iyayenta, ta gudu Ingila. Can aka ba ta jiragen yaƙi, irin masu mutum ɗaya da bindigogi a fukafuki, tana ɗaukarsu daga inda ake ƙera su zuwa wurin sojoji. Ta ce babu irin wanda ba ta tuƙa ba. Wata rana jirgin abokan gaba ya biyo ta, ita kuwa ba a sa mata harsashi ko ɗaya ba, don ba a yarda mace ta yi harbi ba. Ta shiga gajimare ta ɓace masa, amma ya riga ya sa mata wuta. Da wutar ta sauko. Tabon ke nan.

Na ce, “Da aka gama yaƙi fa?”

Ta ce, “Aka yi mana godiya, aka ce mu koma gida mu yi girki. Ni ba ni da gida. Na nemi aiki ko'ina, tsutsa kaɗai aka yarda in yaƙa.”

Ta ce ƙasar nan ta kusa samun mulkin kanta, kuma duk ƙasar da ta sami kanta sai ta nemi sojan sama. Ta ce, “Za su ce ba su ɗaukar mata. Ki tabbata ranar da za su faɗa kin riga kin fi rabinsu iyawa.”

Baba, abin da nake so ke nan. Ban taɓa son wani abu haka ba.

Game da warin, kada ka damu. Bututun da ke fitowa daga tankin magani a bayan kujerunmu ne yake ɗan ɗiga. Mun ɗaure shi da tsumma, Madam kuma ta rubuta wa kamfani su aiko da sabo. Ita ce ma yake sa wa ciwon kai, don ta gefenta yake ɗiga. Ni ba ya yi mini komai.

Ka yafe mini, ka sa mini albarka. Ina jiran amsarka.

'Yarka,
Baturiya


Sabon Gari
Oktoba, 1958

Yaya,

Gaisuwa da fatan alheri. Shiru ya yi yawa. Baturiya ta faɗa mini ta rubuto maka da kanta, kullum sai ta bi ta gidan waya, ba komai. Ni ma ban gane shirun ba. Fushi ne, ko rashin lafiya? Ita ta ɗauka shirunka yarda ce. Ni na san ka, na ce mata ba haka ba ne.

Na je ofishinsu kamar yadda ka ce. Babban akawu ya ce zai mayar da ita tafireta a ranar in ita ta so. Ta tsaya a gabana da gabansa ta ce ba ta so. Yaya, ta fi ni tsawo yanzu. Ba zan iya ɗaure ta ba.

Abubuwan da nake ji ba su da daɗi. Kajin mai gadin filin jirgi sun sha ruwan da ya kwanta inda ake wanke tanki, kafin la'asar duk sun mutu. Olusegun, makaniken jirgin, ya yi ta amai da rawar jiki, 'yan'uwansa suka zo suka tafi da shi Ibadan. Ba a kawo wani ba. Sabon bututun da ake jira ma bai zo ba, Madam ce take gyara komai da hannunta.

Ran Lahadi bayan sujada na sa aka kira mini Madam, ta kuwa zo har ɗakina. Na ba ta shayi. Kofin yana ta kaɗawa a hannunta har ya zuba a wandonta. Ana sanyin ruwan sama, ita gumi take. Na dubi idonta, ƙwayar idon ta ƙanƙance kamar tsinin allura. Na yi jinyar mutane da yawa, ban taɓa ganin ido haka ba.

Na ce wa Baturiya, “Gaya mata ubanki bai yarda ba. Gaya mata ita ma ba ta da lafiya.”

Suka yi Turancinsu mai tsawo. Baturiya ta juyo ta ce, “Ta ce zazzaɓi ne kawai.”

Ban yarda duka ta fassara ba, nawa ko nata. Sai na yi da ɗan Turancin kasuwa da na iya, na nuna yarinyar na ce ita ke nan gare mu. Madam ta daɗe tana kallona. Ta ɗaga yatsa ɗaya ta ce saura feshi ɗaya, gonakin wajen Hanwa, daga nan za ta ajiye jirgin har sai an gyara. Ta ce in ba ta gama ba kamfani zai ce don mace ce, ba za su ƙara ba wata ba. Da za ta fita ta shafa kan Cindo, ta yi tuntuɓe a bakin ƙofa inda babu abin tuntuɓe.

Mako mai zuwa za su yi. Na roƙi Baturiya ta zauna a ƙasa wannan karon. Ta ce, “Goggo, kin ga hannunta. In ban hau ba ita kaɗai za ta hau.”

Ka rubuto, don Allah. Maganarka ce kaɗai ta rage.

Martina


Sabon Gari
Oktoba, 1958

Malam Cornelius,

Ni ne Nwankwo mai gida. Ka yi haƙuri da Hausa nawa. Labari ba shi da kyau. Jirgin sama ya faɗi a Hanwa. Baturiya ya mutu, an binne shi jiya. Martina da yarinya suna asibiti, magani ya kama su, Martina ba ya iya rubutu. Matata yana kai masu abinci. Ka yi addu'a.

Nwankwo


Takoradi
Nuwamba, 1958

Martina,

Ban san ko kina iya karatu yanzu ba. In ba ki iya, wani ya karanta miki.

Ba fushi ba ne. An tura mu Kumasi gyaran wani inji da ya kauce daga layi, aikin ya riƙe mu fiye da yadda aka ce. Da na dawo na tarar da wasiƙu uku a ƙarƙashin ƙofa. Na zauna a bakin gado da kayan aiki a jikina na karanta su bi da bi. Na karanta ta Baturiya, na ji haushi, har na fara shirya abin da zan ce mata. Na karanta taki, na tashi tsaye. Sa'an nan na buɗe ta Nwankwo.

Ban ga laifinki ba. Kin je ofis, kin kira matar, kin roƙa. Ni ne ubanta, ina can ina kwance ƙarƙashin inji lokacin da take bi ta gidan waya tana tambaya.

Abu ɗaya nake so ki faɗa mini, kada ki sassauta. Wuta ta kama? Kin ga fuskarta kafin a rufe? In babu abin gani, ki ce babu. Na fi son in sani. Duk lokacin da na rufe ido bargon nan nake gani.

Ina aka sa ta? In da hali, da kusa da uwarta. Wa ya yi addu'a? Wace riga aka sa mata?

Yaya jikinki, yaya Cindo? Ban gane yadda magani ya kai ga ƙaramar yarinya ba, sai dai in wankin nan ne da na yi gargaɗi. Ubangiji ya tashe ku. Kada ya ƙara mini da ku.

Mutanenmu na Arewa da ke nan sun zo sun zauna da ni. Ran Lahadi Fasto ya kira sunanta a coci, aka yi mata waƙa. Mata suka yi kuka, ba wadda ta taɓa ganinta. Ni ban iya ba. Na nemi izinin zuwa gida, an ce sai bayan Kirsimeti. Ina zuwa aiki, ina dawowa. Jiya na ɗaga guduma na manta abin da zan buga.

Ta roƙe ni albarka, Martina. Ita ce magana ta ƙarshe a wasiƙarta. Ki je inda take ki faɗa mata na sa. Ki faɗa da ƙarfi.

Kekenta ki ba Cindo in ta girma. Sauran kayan kada a taɓa sai na zo.

Cornelius


Sabon Gari
Disamba, 1958

Babana,

Ni ce. Ina da rai. Rubutun ya karkace ne don da hagu nake yi, hannun dama ya karye, yana ɗaure. Ka duba yadda nake rubuta sunanka a bayan ambulan, za ka gane ni ce.

Wasiƙarka ta zo jiya. Goggo ta fara karantawa a tsakar gida, ta kai tsakiya ta zube ƙasa tana ihu. Muka aika maka takardar waya ta gaggawa nan take, ina fata ta riga wannan isa. Nwankwo ya zauna a ƙofar kantinsa ya rufe fuska yana kuka. Shi da sunan Liya ya san ni. Baturiyar da ya ce ta mutu Madam ce. Yarinyar da ya ce tana asibiti ni ce, ba Cindo ba. Cindo ko ciwon kai ba ta yi ba. Mu kuwa muna kwance muna ganin an riga an sanar da kai, ba mu san abin da kake ciki ba. Baba, ka yafe mana.

Ka ce kada a sassauta maka, to ga yadda aka yi.

Mun tashi da safe, sama garau. Mun gama gona biyu a Hanwa, muna juyowa kan ta uku, sai na ji wani abu ya fashe a bayanmu. Bututun ne. Maganin ya feso cikin jirgi, ya jiƙe bayan Madam gaba ɗaya, ni ya same ni a kafaɗa da cinya. Ta ɗaga jirgin sama, ta buɗe taga, ta nufi filin jirgi. Muna hango filin, Baba. Sai na ga kanta yana rawa, kumfa na fita a bakinta. Ta ce, “Naki ne.” Ta faɗa kan sandarta.

Nauyinta ya danna jirgin ƙasa. Na ga itatuwan mangwaro suna tasowa. Na kama wuyan rigarta na fizgo ta baya da hannu ɗaya, na ja sanda da ɗayan. Muka wuce har ina jin ganye yana karce cikin jirgin. Ni ma idona ya fara duhu, yawu ya cika mini baki. Na san ba zan kai fili ba. Na ga wata gonar gyaɗa da aka riga aka cire, na juya gare ta. Na yi abin da ta koya mini, ɗaya bayan ɗaya, ina faɗa da baki. Na rage wuta. Na rufe mai, na kashe inji, don ta sha gaya mini wanda ya kashe inji ba ya ƙonewa. Ƙafafun suka taɓa ƙasa daidai. Muka yi gudu kaɗan, sai ƙafa ɗaya ta faɗa kunyar gona, jirgin ya kifa.

Wuta ba ta kama ba. Ka ji, Baba? Ba ta kama ba.

Manoma suka ciro mu. Goggo tana bakin hanyar Hanwa tun safe, ashe ta bar ɗinki ta zo ta tsaya tana kallonmu, ita ta fara isowa cikin mata. Ta yage rigata da hannunta, ta wanke ni da ruwan tulun wata mata, ta rufe ni da zanenta. Ta yi wa Madam haka ita ma. A nan maganin ya shige ta. Likita ya ce da ba ta yi haka ba da ni ma na tafi. Har yanzu yatsunta ba su riƙe allura sosai.

Madam tana numfashi lokacin da aka sa mu a motar auduga. Kanta yana kan cinyar Goggo. Ta buɗe ido ta yi magana mai ɗan tsawo, ba da Turanci ba, da harshen ƙasarsu. Ba wanda ya ji. Kafin mu kai asibiti ta cika. Fuskarta lafiya lau. An binne ta ina kwance, mutanen da suka je ba su da yawa.

Yanzu ga abin da ya fi mini wuyar rubutawa, bayan abin da ka sha.

Madam tana da ƙawaye a Ingila, matan da suka tuƙa jiragen yaƙi tare. Suna da ƙaramin fili inda suke koyar da tuƙi. Ta ba su labarina tun kafin wannan abu. Da suka ji rasuwarta da yadda jirgin ya sauko, babbarsu ta rubuto ta ce in zo. Zan yi musu aiki a rumfar jirage, su koya mini har in sami takardar tuƙi. Shekaruna ba su kai in tafi da kaina ba, sai uba ya yarda.

Na kwanta a asibiti na tambayi kaina ko na tsorata. Na tsorata ƙwarai. Amma da aka ce mini an kwashe jirgin an tafi da shi, kuka na yi.

Ka ce wa Goggo ta je kabarina ta faɗa mini ka sa albarka. Ta faɗa mini, da ƙarfi, a gaban duk mutanen gida. Amma matacciya ka sa wa. Ba zan riƙe ta ba sai ka ce ta mai rai ce. In ka ce a'a, zan koma tafireta, ba zan gudu ba.

'Yarka,
Baturiya


Takoradi
Janairu, 1959

'Yata,

Ina gaishe ki. Yaya hannu? Ki gaishe da Goggonki, ki ce mata ba ni da bakin da zan gode mata. Ki gaishe da Cindo. Ki je wurin Nwankwo ki ce ya daina kuka, alheri ya yi niyya.

Takardar wayarku ta zo ina wurin aiki. Na karanta na sa a aljihu, ban gaya wa kowa ba. Na ce wani kuskuren ne kuma, ko Martina ce take so ta lallashe ni har in iso gida. Sai da wasiƙarki ta zo. Na kai wa Fasto, ya karanta a coci, matan da suka yi kuka suka yi guɗa. Ni har yanzu in na farka da safe, na ɗan lokaci, kina cikin ƙasa.

Na yi wa matar nan mummunan zato. Ta koya miki kashe inji. Ubangiji ya ba ta hutawa.

Ba na son ki tafi. Ba zan taɓa so ba. Abin nan ya ci wadda ta fi ki iyawa, kuma abin da kike nema a ƙarshe, jirgin da ake harbi da shi, ana harbinsa shi ma. Na san wata rana za a iya kawo mini labari ya zama gaskiya. Na riga na san yadda ranar take, na zauna a cikinta. Abin da ya fi ci na a ciki ba mutuwar ba ce. Kin roƙe ni abu ne ban amsa ba.

Albarkar ta mai rai ce. Ki tafi.

Sharaɗina ɗaya. Kada ki je Ingila ta sama, ko da matan nan sun shirya miki. Ki sauka Ikko ta jirgin ƙasa, ki shiga jirgin ruwa. Yana tsayawa a Takoradi ya ɗauki kaya kafin ya wuce. Ki sanar da ni wanda kika shiga, za ki same ni a bakin gaɓa.

Zan sa hannu a duk abin da ake bukata, amma ba zan aiko ba. Har yanzu ba a ba ni izinin zuwa gida ba, a nan zan ba ki. Na daina yarda da takarda. Ina so in kama hannun nan da ya karye in ji ɗuminsa.

Ubanki,
Cornelius Shekari